Takalmin Talaka: Yadda 'Yan Sawaba Suka Sauya Ma'anar Biyayya a Ƙasar Hausa

Duk wanda ya yi wayo a birnin Kano ko Zazzau ko Katsina kafin a sami mulkin kai, idan ka zaunar da shi ka tambaye shi yadda talaka yake yi in ya haɗu da hakimi a hanya, ba zai yi dogon tunani ba zai kwatanta maka, domin abu ne da ya gani da idonsa, watakila ma ya yi da ƙafarsa. Da zarar an ji kirarin maroƙa, an hango zagage da ƙurar dawaki, sai mai tafiya ya ratse gefen hanya, ya tuɓe takalmansa ya riƙe a hannu ko da rana ta take ƙasa tana ƙuna, ya durƙusa, ya dunƙule hannu yana jinjina yana cewa, “Ranka ya daɗe, Allah ya ba ka nasara,” ba zai miƙe ba sai wani bafade ya amsa masa da “An gaishe ka,” ayarin kuma ya shige. Wanda yake bisa jaki ya sauka, wanda yake bisa keke ya dira ya tura. Babu wata takarda da aka rubuta wannan a cikinta, babu kuma wata majalisa da ta zauna daga baya ta soke shi. Amma ga shi a yau jikan wancan mutum yana iya tsayawa da takalminsa a ƙafa ya gai da hakimi cikin ladabi, har ya gaya masa inda yake ganin an yi kuskure, ba tare da kowa ya ce ya yi rashin kunya ba. Abin da nake so mu duba shi ne yadda aka yi wannan al'ada, wadda ta yi kama da dutsen da ba ya motsi, ta sassauta cikin rayuwar mutum guda, da kuma mutanen da suka sa kafaɗa suka tura ta.

Wajibi ne a fara da bayanin irin ikon da ke bayan wancan durƙuson. Bayan da Turawan Ingila suka ci Kano da Sakkwato a 1903, ba su rushe sarauta ba, sai suka ɗora mulkinsu a kanta, suka mai da sarki shugaban abin da aka kira En'e, wadda a ƙarƙashinta ake da baitulmali da kotunan alƙalai da 'yan doka da gidan yari. Ma'anar wannan ita ce hannu guda ne yake karɓar haraji, shi ne yake kama wanda ya kasa biya, shi ne yake naɗa alƙalin da zai yi masa shari'a, shi ne kuma yake riƙe da mabuɗin ɗakin da za a kulle shi. Daga sarki sai hakimi, daga hakimi sai dagaci, daga dagaci sai mai unguwa, kowannensu yana da abin da zai kai sama da abin da zai rage wa kansa. Manomi ya biya haraji, Bafillace ya biya jangali bisa kowane kan saniya, a kira mutanen gari aikin hanya ko noman gandun basarake ba da ladan komai ba, wanda ke da ƙara kuma ya san ba a zuwa gaban manya hannu rabbana. Ba na cewa kowane sarki azzalumi ne, don an yi adalai a cikinsu waɗanda har yau ake yi musu addu'a. Abin da nake cewa shi ne tsarin bai bar wa talaka wata ƙofa da zai ƙwanƙwasa ba in adalcin ya ɓace.

Amma ƙarfi kaɗai ba ya riƙe jama'a shekara da shekaru. Abin da ya riƙe su shi ne tarbiyyar da suka sha tun a nono, wadda ta koya musu cewa bin na gaba bin Allah ne, haƙuri shi ne maganin zaman duniya, ɗan halal kuwa ba ya ɗaga ido ya dubi babba, balle ya mayar masa da magana. Waɗannan ɗabi'u ne masu kyau a muhallinsu, su ne suka sa gidajenmu suka zauna lafiya. Sai dai an faɗaɗa su har suka rufe abin da ba nasu ba, aka wayi gari mutumin da aka ƙwace wa gona yana jin kunyar ya yi ƙara, alhali wanda ya ƙwace ba ya jin kunyar hawa doki ya ratsa ta gabansa.

Tsagewar farko ta bayyana ne a Bauchi a cikin shekarun yaƙin duniya na biyu, inda wasu 'yan boko suka riƙa haɗuwa suna muhawara a kan al'amuran ƙasa, cikinsu akwai Malam Sa'adu Zungur, da Malam Abubakar Tafawa Ɓalewa, da wani matashin malamin makarantar midil mai suna Aminu Kano. A shekarar 1950 abubuwa biyu suka faru cikin watan Agusta. Tafawa Ɓalewa ya miƙe a Majalisar Wakilai ta Arewa ya nemi a yi wa tsarin En'e garambawul, magana da ta girgiza fadoji duk da cewa daga bakin mai sassauci ta fito. A Kano kuma, ranar 8 ga watan, mutum 8 suka kafa jam'iyyar NEPU, cikinsu akwai Abba Maikwaru da Bello Ijumu da Mudi Sipikin da Magaji Ɗambatta. Malam Aminu, wanda a lokacin yake koyarwa a Maru cikin lardin Sakkwato, ya ajiye aikin gwamnati a wannan shekara ya dawo gida, daga 1953 kuma ya zama shugabanta. Alamarta tauraro, kirarinta kalma guda, wato sawaba, kalmar da a bakin Bahaushe take nufin sauƙi bayan wuya, suka ɗora mata ma'anar 'yanci. Mabiyanta na farko ba masu mulki ba ne: teloli ne, da mahauta, da 'yan koli, da dukawa, da fatake, da malaman allo waɗanda ba su da gurbi a fada, mutanen Fagge da bakin kasuwa da garuruwan da jirgin ƙasa ya ratsa.

A ganina, babbar hikimar wannan yunƙuri, wadda ta bambanta shi da surutun 'yan boko kawai, ita ce inda ya ɗebo hujjarsa. Da a ce 'yan NEPU sun zo wa manomin Bichi ko Ringim da maganar abin da ake yi a Landan, da ya saurare su cikin ladabi ya koma gonarsa. Amma Malam Aminu ɗan gidan malamai ne, mahaifinsa Malam Yusufu ya yi aikin shari'a a Kano, shi kansa kuma mai tafsiri ne. Sa'adu Zungur kuwa ya sha Larabci da fiƙihu kafin ya sha boko, har ya zuba ra'ayinsa cikin waƙoƙin Hausa irin su Arewa Jamhuriya ko Mulukiya. Saboda haka da malamin fada ya ce bin na gaba bin Allah ne, sai su amsa masa da abin da shi ma ya karanta, cewa biyayya ga shugaba tana da iyaka, iyakarta kuwa saɓon Mahalicci, sunkuyar da goshi ƙasa kuma haƙƙin Allah ne shi kaɗai. Suka buɗe littattafan Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, musamman Kitabul Farƙi, inda ya lissafa halayen sarakunan Haɓe da ya yi jihadi a kansu, har da jangali da karɓar gaisuwa da zuba ƙasa a ka don girmama sarki, suka tambayi jikokin masu tutar Shehu da wane dalili abin da kakanninsu suka yaƙa ya dawo ya zama al'ada a hannunsu. Wannan tambaya ba ta da sauƙin amsawa, domin ba baƙuwa ba ce, daga cikin ɗaki ta fito. Talaka ya gane cewa zai iya ƙin tuɓe takalmi ya kuma kasance Musulmi na ƙwarai, ɗan asali, mai tarbiyya; kuma har sai da ya gane haka ƙafarsa ta iya tsayawa.

Na taɓa zama da wani tsohon tela a Fagge, shekaru da dama da suka wuce, a wani ɗan shago da ƙyar yake ɗaukar mutum uku, kekensa na ɗinki irin na ƙafa ne wanda zanen jikinsa ya goge saboda tsufa. Na ce masa, “Baba, me ya fi ba ku wuya a zamanin nan, dukan ko ɗaurin?” Sai ya ɗaga ƙafa daga kan keken, ya ciji zare ya yanke, ya ce, “Yaro, duka ai fata ce ke sha, kwana bakwai ta warke. Abin da ya fi ciwo shi ne ranar da na dawo daga jarun na tarar an mayar mini da kayan neman aure, wai ba a ba ɗan NEPU mata. Mahaifiyata ta yi wata guda ba ta shiga biki ba don kunya.” Ya yi shiru yana gyara bakin wata taguwa, sa'an nan ya ƙara da cewa, “Amma ɗauri na uku da aka yi mini, da guɗa aka tarye ni a ƙofar gida.”

Na daɗe ina juya wannan magana a zuciyata, domin a cikinta ne na ga asirin al'amarin duka. A ƙasar Hausa ta wancan lokaci shiga gidan yari tabo ne da ke bin mutum har 'ya'yansa, wurin ɓarayi ne da 'yan fashi, kuma da wannan tabon ake tsorata mai ƙorafi fiye da yadda ake tsorata shi da bulala. Kotunan alƙalai suka riƙa ɗaure 'yan NEPU bisa laifin yin taro ba da izini ba, ko zagin sarki, ko ambaton sunan wani babba a wurin lacca; aka hana wasu rumfar kasuwa, aka ƙara wa wasu haraji, aka kira su marasa kunya, wasu ma aka jefe su da kalmar kafirci; a Kano kuma, wajen 1953, aka sami gungun 'yan ta-kife da aka sani da Jam'iyyar Mahaukata suna far musu da sanduna. Sai dai kowane ɗauri yana rage wa gidan yarin kwarjini, domin jama'a sun san wanda aka ɗaure, sun san bai ɗauki kayan kowa ba, sun san limancin da yake yi musu ko rigar da yake ɗinka musu. Sannu a hankali kunyar ta tashi daga kan wanda aka ɗaure ta koma kan wanda ya sa aka ɗaure shi. Ita kanta kalmar talaka, wadda a da mutum ke faɗa da sunkuyar da kai yana neman a tausaya masa, ta zama suna da ake kira da ƙarfi a dandali, mutane dubbai su amsa.

Babu inda wannan sauyi ya fi tsada kamar a wajen mata. Hajiya Gambo Sawaba, wadda aka haifa a 1933 ta kuma tashi a Zariya, an yi mata aure tana yarinya ƙarama, ta shiga NEPU tun ba ta kai shekara 20 ba, a zamanin da ake ganin duk macen da ta tsaya gaban maza ta yi magana ta zubar da mutuncin gidansu. Ta shugabanci ɓangaren mata na jam'iyyar, ta je Abeokuta ta ga Funmilayo Ransome-Kuti, ta shiga gidaje tana yi wa matan kulle bayani a kan karatu da auren wuri da haƙƙin ƙuri'a. An ɗaure ta sau da yawa, masu ba da tarihinta suna ƙirga har 16, an yi mata duka, an kore ta daga Kano. Ita ma yunƙurinta yana da tushe a gida, don Shehu ya yi kakkausan suka ga malaman da ke barin matansu da 'ya'yansu cikin jahilci, 'yarsa Nana Asma'u kuma ta kafa 'Yan Taru, tana naɗa mata jagorori da ake kira jaji suna kai karatu ƙauyuka. Duk da haka, a zaɓen tarayya na 1959 matan Kudu sun jefa ƙuri'a, na Arewa suna gida; sai a zaɓen 1979 suka yi layi a babban zaɓe na ƙasa, kusan shekara 30 bayan ta fara kiran. Wanda ya ga dogayen layukan mata da mayafansu a rumfunan zaɓe a yau, waɗanda sau da yawa sukan fi na maza tsawo, yana da wuya ya yarda cewa an taɓa yi wa mace bulala saboda neman wannan. Ta rasu a 2001, yanzu kuma akwai babban asibiti a Zariya mai ɗauke da sunanta.

In aka auna da ma'aunin zaɓe, NEPU ba ta yi nasara ba. A 1951 ta yi rawar gani a matakin farko a Kano, amma da yake zaɓen hawa-hawa ne, kuma an ba En'e damar cusa nata mutane a matakin ƙarshe, ba ta kai labari ba. Malam Aminu bai shiga Majalisar Tarayya ba sai a 1959, kuma jam'iyyar NPC mai alamar fartanya ita ta riƙe Arewa har juyin mulkin 1966. Amma abin lura shi ne waɗanda suka kayar da ita sun riƙa aiwatar da wani sashe na abin da take kira, domin sun ga inda zukatan mutane suka karkata. Tun cikin shekarun 1950 aka daina barin sarki ya zama shi kaɗai ne En'e, aka haɗa shi da majalisa. A 1963 gwamnatin Sardauna da kanta ta sa Sarkin Kano Muhammadu Sanusi ya yi murabus bayan bincike a kan kuɗin En'e. Da soja suka zo, daga 1967 aka shiga raba sarakuna da kotuna da 'yan doka da gidajen yari, gyaran ƙananan hukumomi na 1976 kuma ya ƙarasa abin da ya rage. A 1979 jam'iyyar PRP, magajiyar NEPU, ta ci Kano da Kaduna, gwamnoninta Abubakar Rimi da Balarabe Musa suka soke haraji da jangali. Alƙalami ne ya soke su cikin yini guda, amma shekara 29 aka yi ana zare musu halacci daga zukatan masu biya.

Kalmar sawaba ba ta tsaya a kan iyaka ba. A Nijar, jam'iyyar Djibo Bakary da wannan suna aka san ta, ita ce ta yi kiran a ce a'a ga Faransa a ƙuri'ar raba gardama ta 1958, aka haramta ta a 1959, da yawa daga cikin 'ya'yanta kuma suka sami mafaka a Kano da sauran garuruwan Arewa wurin 'yan'uwansu na NEPU.

Kada kuma a ɗauka cewa Bahaushe ya juya wa sarauta baya, domin tarihi bai nuna haka ba. A Yulin 1981, bayan gwamnatin Rimi ta aika wa Sarkin Kano Ado Bayero takardar tuhuma, tarzoma ta ɓarke a birnin, aka ƙona gine-ginen gwamnati, aka kashe Dakta Bala Muhammad, mai ba gwamna shawara kan siyasa. Wannan kuwa a garin da ya ba PRP ƙuri'a shekara biyu kacal kafin nan. Ana ta muhawara a kan waɗanda suka kitsa abin, amma babu musu cewa Kanawa da yawa sun ji zafin a taɓa martabar gidan Dabo, wato gidan sarautarsu. Mutanen da suka ƙi a ɗaure su ba bisa haƙƙi ba, su ne kuma suke cika hanya ranar hawan Daushe suna ɗaga hannu. Abin da suka tuɓe wa sarki shi ne bulala da mabuɗin kurkuku; rawani da alkyabba sun bar masa, da yardarsu.

Ƙofar da aka buɗe kuma ba ta sake rufuwa ba. Da ƙungiyar Izala ta bayyana a Jos a 1978 ƙarƙashin Shaikh Isma'ila Idris, tana ɗaukar haske daga karatun Shaikh Abubakar Gumi, ta tarar da jama'ar da ta riga ta saba da tambayar babba hujjarsa. Ta kai maganar durƙuso har cikin zaure, tsakanin almajiri da shehinsa, wani lokaci ma tsakanin ɗa da mahaifi, abin da ya raba gidaje da yawa ya kuma jawo ɓacin rai mai tsanani. Ta rage wa bukukuwa tsada, ta fitar da matan aure zuwa makarantun Islamiyya, har ɗariƙun da suka yi jayayya da ita su ma suka buɗe nasu. Manufarta daban take da ta NEPU, amma hanyar guda ce: a ɗauki al'adar da kowa ya ɗauka addini ce, a ɗora ta a kan ma'aunin nassi a gaban jama'a.

Akwai abin da ke damuna a cikin wannan gado, kuma ba zan ɓoye shi ba. Rundunonin samarin da jam'iyyu suka kafa don kare kai a wancan zamani su ne suka share fagen bangar siyasa da muke kuka da ita, wasu matasa kuma sun kasa rarrabe ƙin ƙasƙanci da ƙin ladabi, suna zaton zagin dattijo shi ne 'yanci, alhali Malam Aminu da ya ƙi faɗuwa gaban sarakuna mutum ne mai tawali'u, wanda ya zauna a gidansa na Gwammaja cikin farar riga da jar dara, ya rasu ranar 17 ga Afrilu 1983 bai tara abin duniya ba. Abin da ya fi wannan ciwo shi ne durƙuson da aka kora daga ƙofar hakimi ya sami sabon masauki a ƙofar mai kuɗi da ɗan siyasa, inda za ka ga magidanta sun yi sahu tun asuba suna jiran a fito a miƙa musu abin cefane, suna zuba “ranka ya daɗe” ga wanda ƙuri'arsu ce ta ɗora shi. Wancan na dā tsoro ne ya durƙusar da shi, wannan kuwa yunwa ce, kuma ban ga wadda ta fi wata sauƙi ba.

Na gaya wa tsohon telan nan wannan damuwa tawa a wancan zama. Ya saurare ni har na gama, yana zura zare a allura da hannu mai rawa, ya ce shi ma yana gani, yana kuma baƙin ciki, amma aƙalla yanzu wanda ya durƙusa ya san ya durƙusa, a zamaninsu kuwa ba su ma san akwai tsayuwa ba sai da aka nuna musu. Ya ce ranar jana'izar Malam ya rufe shago ya bi taron da ƙafa, ya ga mahauta da 'yan dako suna kuka kamar yara, ya ga kuma masu rawani a cikin sahu. Muna cikin haka aka kira sallar La'asar. Ya lulluɓe keken da wani tsohon zane, ya jawo takalmansa na fata daga ƙarƙashin benci ya sa, muka taka tare zuwa masallacin unguwa, ya tuɓe su a bakin ƙofa ya jera su kusa da nawa.